Ba-Gaggawa Ya Ajiye Makulli

Ranar wata Laraba likita ya rufe fayil ɗin matata, ya ce mu koma gida ta ci duk abin da ranta yake so. Shekara talatin da biyar na yi ina koyar da tarihi, na san yadda ake sanar da faɗuwar gari cikin ladabi. Muka yi masa godiya, muka fito.

A mota ta ce ita ba abinci take so ba. So take ta ga ɗakin da aka haife ta.

Ɗakin yana babban birnin ƙasar da ke maƙwabtaka da mu, tafiyar awa uku daga ƙofar gidanmu, har da tsayuwar kan iyaka. Tana da shekara goma sha ɗaya iyayenta suka baro can, ba ta sake komawa ba. Ba ta tuna sunan titin, ko ta tuna ma ba zai yi amfani ba, don kowace sabuwar gwamnati da canza sunayen tituna take fara aiki. Likita ya yarda da yini guda, ban da kwana, saboda allurar da ake yi mata kowace yamma. 'Yarmu ce ta ce ta san mutumin da zai iya.

A kan wannan mutumin nake rubutu. Makon jiya ya ajiye makullin motarsa bayan shekara talatin da ɗaya, idonsa ya fara hazo, likitan ido ya hana shi tuƙi. Ba a kafa rumfa ba, ba a yi jawabi ba, ko agogon bango ba wanda ya ba shi. Na halarci bikin sallamar mutanen da babban aikinsu shi ne sa hannu a rajistar zuwa ofis. Shi kuwa kulle motar ya yi kawai, ya taka zuwa gida.

Ba-Gaggawa ake ce masa. Sana'arsa ita ce ya ɗauki iyali ɗaya, ya haye da su iyaka, ya zagaya da su birnin, ya dawo da su kafin a rufe ƙofar iyakar ƙarfe shida. Iyali ɗaya a yini, ba ya haɗa baƙo da baƙo. Ba shi da ofis sai wani benci a gefen rumfar mai faci. Kullum bayan asuba da hannunsa yake wanke motar, ya duba mai da ruwan lagireto, ya bi tayoyi huɗu yana danna su da babban yatsa. A but ɗin bayan motar akwai lema, da kujerar naɗewa, da ƙaramin matashi, da ruwan sha. Takardun fasinjoji kuma yakan jera su a jaka bisa tsarin da jami'ai ke tambaya, har ya naɗe kusurwar shafin da za a buga wa hatimi. Ko me aka ce masa, amsarsa ɗaya ce: "Ba gaggawa." Kuma a shekara talatin da ɗaya ba a taɓa rufe masa ƙofa yana waje ba.

Mako guda kafin tafiyar ya zo gidanmu. Na zaci fasfo zai karɓa ya tafi. Sai ya cire takalmi, ya zauna a ƙasa kusa da kujerar matata, ya fito da ɗan littafi.

"Hajiya, rana da safe take shigowa ta tagar, ko da yamma?"

"Da yamma. Innarmu har zane take ratayawa."

"Kina jin jirgin ƙasa?"

"Ta bayan gida yake bi."

"Nesa, ko kusa har kwanuka su yi rawa?"

Ta yi dariya, karo na farko tun ranar Larabar. "Har su yi rawa. Bene ne, matakala goma sha bakwai. Akwai masu gasa burodi a ƙasa."

Na yi gyaran murya na ce, "Malam direba, ina da taswirar birnin har uku, ɗaya tun ta zamanin da take magana a kai."

"Madalla, Malam," in ji shi. "A riƙe su da kyau, akwai iska a can."

Awa biyu ya yi yana tambayarta wari da ƙara da inuwa. Daga baya na ji cewa ranakun hutunsa biyu ya kwashe a birnin, a ƙafa, yana bin layin dogo yana gaida tsofaffi. Gidajen bene tara ya hau yana ƙirga matakala. Ba wanda ya sa shi, bai kuma faɗa mana ba.

Ranar tafiya muka isa iyaka kafin manyan motocin kaya. Ya gaisa da jami'an wannan ɓangaren da harshenmu, na wancan da nasu, ya tambayi wani jikin mahaifiyarsa, ya tsokani wani a kan tumbi. Kafin in gama nemo tabarau an buga hatimi. Birnin ya buɗe a gabanmu da faffaɗan tituna da gine-ginen gwamnati masu ginshiƙai, irin waɗanda ake yi don talaka ya san tsawonsa. Matata ta manna goshi da gilashi kamar yarinya.

Nan na yi abin da na yi. Na ce a fara da gidan adana kayan tarihi, tunda shekara da shekaru ina koyar da abin da ke cikinsa ban taɓa gani ba.

Ba-Gaggawa ya dube ni ta madubi. "Malam, ƙarfin Hajiya na safe ne. Da mun fara kashe shi inda take so."

"Minti arba'in kawai. Na tsara komai."

"A bar Malam ya ga tukwanensa," in ji ta. "In ba haka ba har kabari zai bi ni da labarinsu."

Awa biyu da rabi muka yi. Na gyara wa mai gadin wurin shekarun sarakuna biyu, na nuna kuskure a rubutun wata takobi. Duk wannan lokacin Ba-Gaggawa yana bayanta da kujerar naɗewa, ta yi taku goma ya buɗe, ta huta ya naɗe. Bai ce mini uffan ba. Da zagina ya yi, da ya fi mini sauƙi.

Ƙarfe biyu saura muka shiga wani lungu a bayan tashar jirgi. Gidan burodin ya koma shagon gyaran waya. Ta ɗaga kai ta dubi ginin, ta daɗe, sannan ta ce, "Ban sani ba. Kamar shi, kamar ba shi ba." Ta kama ƙarfen matakala, ta hau ɗaya, ta hau biyu, ta uku ta gagara. Leɓɓanta sun yi fari. Ƙarfin da za ta hau da shi na bar shi a gaban tukwane. Kuma dole mu bar birnin ƙarfe uku, in ba haka ba ƙofa ta rufe, allura tana can gida.

"Mu koma," in ji ta. "Na ga ƙofar, ya isa."

"Ba gaggawa, Hajiya."

Ya leƙa shagon ya yi magana. Mai shagon, wani ƙato mai furfura, ya fito da kujerar katako mai hannu, an riga an ɗaure mata matashi da igiya. Ashe tun zuwan da Ba-Gaggawa ya yi neman gidan ya shirya wannan, ko da za a buƙata. Suka zaunar da ita, suka ɗaga, shi a ƙasa inda nauyi yake, mutum mai shekara sittin da wani abu. Tana ƙirgawa a bayyane. Ni na biyo su da jakarta da taswira uku.

"Sha bakwai," in ji ta.

Matar da ke haya a ɗakin ta tarbe mu, ta ba da haƙuri a kan zafi. Ba-Gaggawa yana fassara. Ta ce shekara tara tana ɗakin, tagar ƙarfen nan ba ta taɓa buɗuwa ba, maƙera biyu sun gwada sun ce sai dai a fasa bango.

Matata ta ce a matsar da ita. Ta sa hannu a ƙarƙashin ƙyauren hagu, ta ɗan ɗaga shi sama, ba waje ba, ta ce wa Ba-Gaggawa, "Bugi nan, ƙasan sakata, da tafin hannu. Sau biyu."

Ya buga sau biyu. Fenti ya zubo, tagar ta yi ƙara, ta buɗe.

Na karanta labarin buɗe garuruwa masu ganuwa bakwai, ban taɓa jin abin da na ji a ɗakin nan ba. Mai hayar ta dafe ƙirji tana salati. Mai shagon ya zauna a ƙasa. Rana ta shigo daidai inda matata ta ce tana shigowa. Babu abin kallo a waje sai bayan wani banki da na'urorin sanyaya ɗaki, amma ta zauna tana kallo minti ashirin, tana gaya wa mai hayar inda gadon innarta yake, da inda aka ajiye ta ranar da ta yi ƙyanda. Jirgi ya wuce, cokula suka yi rawa a cikin kofi. Ba-Gaggawa yana bakin ƙofa, ya juya baya, yana kallon agogonsa a ɓoye don kada ta gani.

A hanyar dawowa, saura kaɗan mu isa iyaka, akwai wata tsohuwar gada. Ya sauka gefen titi ya kashe mota.

"Ta ɗan yi zafi. A ba ni minti ashirin."

Ya fita, ya ɗaga bonet, ya ɓace a bayansa. Muka rage mu biyu. Ta juyo ta dube ni, fuskarta a sake, tana jira. Shekara arba'in da aurenmu, kusan kowace shekara sai ta yi zancen ɗakin nan, ni kuma in ce badi, in an gama jarrabawa, in an gama gini. Duk wannan yana cikin motar tare da mu. Na buɗe baki, sai na ji ina yi mata bayanin shekarar da aka gina gadar, da dalilin da ya sa ginshiƙanta biyar ne ba shida ba. Ta saurara har ƙarshe. Ta ce, "Allah Sarki, Malam." Ta jingina kai ta rufe ido.

Shida saura kwata muka haye. Bayan kwana goma sha tara ta rasu.

Da na ji zai ajiye aiki, sai na bi waɗanda suka san shi. Na fara da bakaniken da ke duba masa mota, na ce ai ta taɓa yi mana zafi a gada. Ya ajiye sifana ya yi dariya har da tari.

"Zafi? Motar Ba-Gaggawa? Malam, shekara ashirin ina duba ta. Ni da kai za mu riga ta yin zafi."

Wata jami'ar kan iyaka da ta yi ritaya ta ƙarasa mini. "Daga tagar ofis muna hango gadar. In muka ga bonet a ɗage, mun san akwai masu magana a ciki. Mukan ɗan ja ƙafa wajen rufe ƙofa." Ta ce ta ga wa da ƙani da suka wuce da safe kowa na kallon tagarsa, suka dawo da yamma suna shan ruwa a gora ɗaya. Ta ga wani dattijo da aka kai ya ga ɗansa a asibitin birnin, ya fito daga motar a gada ya rungume surukar da ya yi shekaru ba ya amsa gaisuwarta. Ba kowa yake tsayar wa ba, in ji ta. Yini guda yana kallon mutane ta madubi, shi ya san waɗanda suke buƙata.

Na same shi a bencinsa, ba mota a gabansa, yana kare ido da hannu don ya gane ni. Na ce na gano ƙaryarsa.

Bai musa ba. "Malam, a birni akwai kallo, a gida akwai 'ya'ya da masu dubiya. In ba a nan aka yi magana ba, ina za a yi?" Sai ya matso kusa da ni. "Kun dai samu kun yi taku?"

Na ce mun yi. Ya ce alhamdulillahi, ya yi murmushi irin na wanda aikinsa ya yi kyau.

Kai ne, Ba-Gaggawa, ka nemo ɗaki ɗaya a birni mai miliyoyin mutane da rawar kwanuka da hasken yamma. Kai ne ka ɗauki matar wani a kan ƙashin bayanka ka hau da ita matakala goma sha bakwai, mijinta yana biye da takardu. Uban tafiya, mai kai mutum inda zuciyarsa ta riga shi zuwa. Na zauna da masana, na karanta manya, ban ga wanda ya san aikinsa kamarka ba. Na gode. 'Ya'yana sun gode. Allah Ya ba idonka lafiya, Ya sa ka gama da duniya lafiya.

Ku kuma masu wannan sana'a da kuke tasowa, masu haddace tsawon hasumiya da shekarun gine-gine, ku je bencin nan tun yana nan. Ku tambaye shi yadda ake sauraron fasinja, da yadda ake gane lokacin da ya kamata direba ya fita daga motarsa.

Jikarka za ta karanta maka wannan, na sani, don haka ka ji gaskiya. Ba mu yi maganar ba. Ka yi naka, ka ba ni minti ashirin cif, ni ne na kashe su a kan ginshiƙai. Abin da ya kamata in ce bai kai minti ɗaya ba: ki yafe mini, da na kawo ki tun kina iya hawa da ƙafarki.