Gawar da Take Zuwa Gidimuni Cin Tuwo

Aikina a fim shi ne in mutu, kuma a duk Damagaram ban ga wanda ya fi ni iyawa ba. Fina-finanmu na aljanu ne da mayu, irin waɗanda ake ɗauka da kamara guda a bayan duwatsun Birni, jinin ma zoɓo ne aka dama da garin rogo. Masu ilimi suna yi mana dariya, amma 'yan kabu-kabu sun haddace maganganunmu kaf. Ni ne mai gadi, ni ne direba, ni ne abokin jarumi mai cewa, "Ku tsaya nan, bari in duba." Da na faɗi haka sai 'yan kallo su hau salati, don sun san ba zan dawo ba.

Kowa ya iya faɗuwa, kwanciyar ce gwaninta. Ƙuda ya sha yawo a kan idona ban ƙifta ba. Akwai ranar da darakta ya manta da ni a kan yashi mai zafi, bai tuna ba sai da aka naɗe wayoyi.

Mahaifiyata tana Gidimuni, a bakin tafki, kuma ba ta kallon fim. Matar wana ce ta kai mata wayar salula ta nuna mata ni a cikin makara, an naɗe ni da farin ƙyalle. Inna ba ta yi kuka ba. Ta aiko a faɗa mini kada in sake taka mata gida sai na bar wannan sana'a, don ba ta haife ni ta riƙa ganin gawata ba. Maganar ta dake ni ƙwarai. Ina son aikina, amma ban iya kwana da fushinta ba.

Na roƙi darakta ya ba ni matsayin da zan kai ƙarshen fim da raina. Ya ba ni, yana gunaguni. Da fim ɗin ya fito na ɗauka na tafi Gidimuni, na durƙusa a ƙofar ɗakinta.

"Inna, ki duba, a wannan ban mutu ba."

Ta kalla har ƙarshe, bakinta a taɓe. "To me kake yi a ciki? Ka tsaya ƙiƙam kamar turken akuya."

Gaskiyarta, ban iya rayuwa a fim ba, ban san inda zan sa hannuwana ba. Ta ce in nuno mata wancan na makarar. Wannan karon tana kallo tana riƙe da gwiwata, ta matse ta har na ji zafi. Da ya ƙare ta ce, "Ka iya abinka, ja'iri."

Sai ta kafa mini sharaɗi. Duk fim ɗin da na mutu a ciki, kafin ya shiga kasuwa sai na zo da ƙafata, na zauna a gabanta na ci tuwo tana gani. Haka muka yi shekara da shekaru. Maye ya cinye ni, in hau mota. Aljana ta shaƙe ni, in hau mota. Maƙwabta in sun hango ni sai su leƙa su ce, "Inna, ga mamacinki ya iso." Ita kuma ta ce a ƙaro miya, mutuwa tana sa yunwa.

Bara da damina ta rasu. Ban bar aikin ba, don da albarkarta nake yin sa, kuma har gobe babu mai kwanciyata. Fim na farko bayan rasuwarta, wani dodo ya kashe ni a bakin rijiya. Na wanke zoɓon, na sa riga, na tari kabu-kabu zuwa tasha. Sai da na zauna a motar Gidimuni na tuna babu wanda zan je in nuna wa ina da rai.