Gwangwanayen Hanim

A unguwar Bani Malik ta Jidda na tashi. In an idar da sallar isha'i, Kaka Dije takan hau saman rufi da kaskon gawayinta, ta ɗora butar shayi, mu jikoki mu kewaye ta. Larabci ya fi zama a bakinmu, amma ita da Hausa take ba da labari, wanda bai gane ba ya tambayi na kusa da shi. Tana da tatsuniyoyin aljanu birjik, sai dai babu wanda ya hana ni barci kamar labarin Hanim, don shi ta ce da idonta ta gani.

Bayan rasuwar kakanmu, wanda ya yi dako a tashar jiragen ruwa, Kaka ta sami aikin girki a wani tsohon gida a unguwar Bagdadiyya. Matar gidan 'yar Masar ce, kowa Hanim yake ce mata. Tun tana budurwa ta gudo daga ƙauye ta shiga harkar silima, zamanin fim ba kala. Ta fara da fitowa a mai miƙo ruwa, har ta kai ana manna hotonta a bangon gari. An fi saninta da wasan mutuwa. In ta faɗi a majigi, mata sai kuka. Da fuska ta fara tattarewa aka daina nemanta. Wani ɗan kasuwar Jidda ya aure ta bisa sharaɗin kada ta ƙara ambaton silima, daga baya ya rasu ya bar ta, ba ɗa ba jika.

A can sama akwai ɗakin da ta tara finafinanta cikin gwangwanaye masu faɗin faranti. Ɗakin yana wani wari mai hawa kai. Kullum da la'asar takan shiga ta kulle. A nan Kaka takan rage murya har sai mun matso jikinta.

"Murya biyu nake ji, 'ya'yan nan. Ta tsohuwa, da ta yarinya tana roƙon kada a kashe ta. Alhali mutum ɗaya na ga ya shiga."

Sai da ta daɗe tana tofa Ayatul Kursiyyu a bakin matakala kafin ta gane Hanim ce take maimaita tsofaffin wasanninta.

Wata rana da azahar, cikin zafin da ko kuda ba ya tashi, aka ji ƙara kamar an fasa tulu. Irin wancan fim ɗin, in ya tsufa ya sha zafi, da kansa yake kamawa. Kaka ta fito daga madafa ta ga hayaƙi rawaya yana gangarowa, Hanim kuma tana hawa matakala da rarrafe. Ta bi ta, ta rungume ƙugunta ta jawo. Tsohuwar ta gantsara mata cizo a hannu tana ihu:

"Sake ni, Dije! Ina ciki!"

In Kaka ta zo nan takan miƙo hannunta kusa da garwashi mu ga tabon haƙoran. Ni kuwa sai in cusa kai cikin zaninta, ina ganin wata yarinya tana ƙonewa a bayan ƙofa.

Maƙwabta sun kashe wutar, amma ko gwangwani ɗaya bai tsira ba. Hanim ba ta ƙara yi wa Kaka magana ba, duk da haka daga hannunta kaɗai take karɓar abinci. Da ta rasu, Kaka ce ta yi mata wankan gawa, kuma cikin waɗanda suka sallace ta babu wanda ya san ko wace ce. Mun taɓa tambayarta ko ta yi nadama. Ta ce halas, zance ya ƙare, ko yau ne sai ta jawo ta.

Ina yarinya, na ɗauka labarin hauka ne. Sai ranar da aka zo rushe layinmu, shekaru bayan Kaka ta rasu. Mun riga mun kwashe komai, an ba mu wa'adi, ko cokali ba mu bari ba. Amma da motar rusau ta kafa haƙoranta a bangon gidanmu, ban san lokacin da na tsallake igiyar da aka gitta ba. 'Yata ce ta riƙo abayata tana cewa da Larabci, "Yalla, Ummi, babu kowa a ciki." Na kalle ta na ga tsorona take ji. Na bi ta muka tafi, ban gaya mata cewa ba gaskiya ta faɗa ba.