Wushiryar Inna

Sheda

Ƙarfe biyar da rabi na asuba muka kama hanya, ni da Inna mahaifiyata. Shekara biyu ke nan da saniya ta shure ta wajen tatsa, haƙoranta huɗu na gaba suka zube. Tun daga ranar ba ta ƙara dariya ba sai da gefen mayafi a baki. Da aka yi mana ƙarin albashi a ma'aikata, na ce sai na sa mata haƙora.

Giri zuwa Garki

A Gwagwalada muka shiga bas, naira ɗari biyu kowa. 'Yan sanda suka tsare mu minti ashirin a Giri. Direba ya waiwayo, da Hausarsa ta 'yan koyo:

"Oga, Mama ba ya magana ne?"

Na ce gajiya ce. Daga Kuchigoro sai gine-gine sababbi da manyan motoci, Inna ko ɗaga kai ba ta yi ba. Takwas da kwata muka isa.

Asibitin haƙori

Likitar Bayarabiya ce mai fara'a. Ta kwaɓa wani gari mai ƙanshin minti kamar ƙullun ƙosai, ta cika wani lanƙwasasshen cokali, ta danna shi a dasashin Inna. Minti biyu Inna na hawaye. Da aka zare, ga siffar bakinta sak, har da gurbin. Likita ta ce shi wannan awo, abin da ya rage kawai yake nunawa.

"Mama, da can yaya haƙorinka yake?"

Inna ta sunkuyar da kai. Ni ne ɗan fari, ko sunana ba ta kira, balle ta yabi bakinta a gabana. Ni kuma sarkin azarɓaɓi na amsa: "Irin na kowa ne, likita."

Bayan sati biyu

Muka sake bin hanyar. Haƙora suka zauna daram, farare, a jere ba ko tsaga. Inna ta daɗe tana duban madubi.

"Sun yi kyau," ta ce. "Na wata ne."

Sai da muka wuce Giri a hanyar komawa ta yi maganar mahaifina, tana fuskantar taga: "Marigayi wushiryar nan ya biyo har rugarmu."

Shekara talatin ina ganin wushiryar, aka tambaya na manta. Na ce mu koma a sake, ta girgiza kai.

La'asar muka sauka Sheda, mun gode Allah da ya kawo mu lafiya. Inna ta sa mini albarka, ta cire haƙoran ta ajiye cikin ƙwarya, ta ja mayafinta ta rufe baki.