Fim ɗin da Aka Cire Muryar Baushe

Baushe mai tufkar igiya ne a wani ƙauyen Kurfai, kusa da Filinge. Tun yana yaro ba ya haɗa ido da mutane, hayaniya kuwa sai ta sa shi toshe kunne yana jijjiga jiki. Gwaggonsa Mero, 'yar bori, ta ce iskoki ne suka zaɓe shi. Sai da ya haura talatin wata likita a Yamai ta gaya masa sunan abin: galahanga, lalura ce da ake haihuwar mutum da ita. Ya dawo gida da sanyin zuciya.

Bayan girbi masu ɗaukar fim suka zo. Shugabarsu, Najiba, ta ce za su nuna wa duniya rayuwarsa. Ya yarda, da sharaɗin shi zai yi bayani da bakinsa. Ya zauna gindin gawo ya yi ta magana, a kan kaba, da ciniki, da yadda ƙara ke yi masa zafi.

Wata ranar kasuwa ya tarar ana kallonsa a wayoyi. Ga shi durƙushe wajen kiɗan bori, kunne a toshe. Ga igiya yashe kusa da ƙafarsa. Wata murya tana cewa mutum ne da danginsa ke ɗaurewa. Kalmarsa ko ɗaya babu.

Ya buga wa Najiba waya. "Ina maganata?"

"Tsawo munka rage, Malam Baushe. Haka za a fi tausaya maka."

"Ban roƙi tausai ba."

Makiyaya masu sayen igiyarsa suka fara wuce rumfarsa ta kasuwa ba sallama. Ya sa ƙanwarsa Haske ta ɗauke shi da wayarta. "Ni ne Baushe. Ba a taɓa ɗamre ni ba. Ku tambaye ni." Ta tura ko'ina, amma 'yan kaɗan suka buɗe.

Wata hantsi mota ta tsaya ƙofar gidansu. Baƙi biyu ne daga gidan wani mai maganin masu taɓin hankali, sun ga fim ɗin. Suka zauna da kawunsa Ɗanjimma suna ƙus-ƙus. A bayan motar akwai marin ƙarfe na ɗaure ƙafa.

Baushe ya ajiye kaba, ya zo ya zauna tsakaninsu. "In batuna ne, da ni za a yi shi."

Kawu ya sunkuyar da kai. Can ɗaya daga cikin baƙin ya juya wajen Ɗanjimma, ya tambaya a hankali ko motar za ta iya zagayawa ta bayan gida, a ɗauki Baushe ta can.