Allurar Baba a Akwatin Ƙarfe

Shekarar da aka ɗora mahaifina kan allurar ciwon suga, ina karatun kimiyya a jami'a, ina kuma da baki. Wata biyu yana yin allurar, amma da bazara ta kama sai sugan ya koma hawa, ga rama, ga ƙishi. Tsoro ya kama ni sosai.

Na bi shi rumfarsa ta hatsi, na ga inda yake ajiye maganin: cikin akwatin ƙarfe, a ƙuryar rumfa, ƙarƙashin rufin kwano. A wurin Baba, duk abu mai daraja nan ne gidansa. Na taɓa murfin, na janye hannu ba shiri.

Na gaya masa zafi ne ke kashe maganin. A ajinmu an koya mana cewa duk ƙarin zafi na digiri goma, saurin lalacewar irin waɗannan abubuwa yakan kusan ninka biyu. Tsakanin firij da akwatinsa kuwa akwai digiri goma har sau huɗu. Baba ɗan kasuwa ne, nan take ya buga lissafi ya ce takwas ke nan. Na ɗebi gero na jera masa a bayan faifai: ƙwaya biyu, huɗu, takwas, sha shida. Biyu ce ke ninka kanta sau huɗu, shi ya sa muke rubuta ta da ƙaramar huɗu a kafaɗa.

Ya gane sarai, amma ya ƙi raba maganin da akwatin. Firij ɗinmu na gida a unguwar Runjin Sambo dai ya zama kabad saboda rashin wuta, don haka na sayo ƙaramin tulu, na naɗe shi da jiƙaƙƙen buhu, na sa maganin a leda a ciki. Kullum in kai rumfa, kullum ya sa a mayar gida. Ni kuma jininsa ce, taurin kan nan ba a ƙasa na tsince shi ba.

Rannan ya rage murya ya ce, "Ke ɗiyag ga, tulun nan sai ya sha iska a bakin rumfa. Kowa na tambaya mi a ciki. Kasuwa duk za ta san ban da lahiya."

Na ce, "Baba, gara su zo maka sannu da su zo mini ta'aziyya."

Sai ya miƙo hannu ya karɓi tulun, ya tambaye ni sau nawa ake jiƙa buhun a wuni.