Kujerar Ermete Mai Tashi da Kanta

Shekara talatin Ermete Bosio ya yi yana haɗa kujeru a Torino, ba a taɓa dawo masa da ko ɗaya ba. A 1911 kasuwa ta ja baya, sai ya sami aiki a wani kamfani da ke bakin kogin Po, masu shirya gajerun finafinan ban dariya marasa magana. A finafinansu tebur kan yi tafiya, kabad ya haɗiye ɗan sanda. Shi abin da suka nema wurinsa kujera ce da za ta tarwatse da zarar an zauna.

Ran gwaji Pilade, ƙaton ɗan wasansu, ya faɗa kanta. Shiru. Ya yi tsalle ya sake dira. Kujera ko ƙara ba ta yi ba.

"Baba Ermete, gada aka ce ka gina?" in ji Pilade, dafe da ƙugu.

Mai ba da umarni, Sinyor Ravera, bai yi dariya ba. Ya ce, "Gobe in ba ta watse ba, ka kwashi zartonka."

A gida matar Ermete, Zelinda, tana tuƙa tuwon masara, ta ce, "Mene ne abin wuya? Yi irin aikin ƙanenka, ko kyanwa ta hau sai ta rushe."

"Ni in yanke ƙafar kujera da gangan, a gani a ce aikina ne?"

"To, girman kan naka za mu tuƙa jibi."

Da sassafe ya haɗa wata kujera tsaf, gaɓa cikin gaɓa, ba ƙusa ba gam. Ɗan tsinken katako guda ya riƙe komai, ya ɗaura masa baƙin zare. Pilade na zama, Ermete ya fizge zaren daga bayan labule. Kujera ta watse gida goma sha huɗu, kowane yanki lafiya lau. Kafin ƙato ya gama kakkaɓe wando, Ermete ya sake haɗa ta.

Da aka wanke fim ɗin, mai ɗaukar hoto ya haska shi daga ƙarshe zuwa farko. Sai ga guntaye suna tashi suna haɗuwa, kujera ta ɗago Pilade daga ƙasa. Ravera ya yi dariya har da tari.

Shekara tara Ermete ya yi a kamfanin. Kujerar ta fito a fim sittin da ɗoriya, tana watsewa tana haɗuwa, fenti kawai ake sauya mata. Ran Lahadi yakan kai Zelinda kallo. Jama'a na ta dariyar Pilade, shi kuwa yana zungurinta yana cewa, "Dubi yadda ƙafar baya ta shiga."