Gudummawar Auren Malama Sahadatou

A da, da hantsi za ka ga Malama Sahadatou ta turo ɗan babur ɗinta, mobilet, daga unguwarmu Zongo ta nufi jami'a a Abomey-Calavi, da ɗan akwati rataye a kafaɗa. 'Yan unguwa rediyo suke ce masa, rediyon da bai iya komai ba sai ƙas-ƙas. Na'ura ce mai gano tururin nukiliya, gubar da ido ba ya gani. Ita ce mace ta farko a unguwarmu da ta je Rasha ta karanto wannan ilimi, zamanin gurguzu da kowa kamarad ne, har mai goro. Ta dawo ba ɗakin gwajin kirki, sai allo da alli. Bana ta ajiye allin.

Wata Asabar, shekarun baya, ta biya gaida kawunta Moumouni, maƙerin da ke narka dalma yana yi wa masunta nauyin taru. Tun daga ƙofa akwatin ya haukace da ƙara. Ga curin dalma kamar turmi, ya sayo cikin tarkacen tashar jiragen ruwa, ga wuta tana ci. Ta gane shi, mazubin sinadarin tsohuwar na'urar asibiti ne. In ya narke, lungun nan kaf ya shiga uku.

To, wa zai ce wa Kawu Moumouni bari? Mutumin da in ka hana shi abu, ranar zai yi shi sau biyu!

Sai ta durƙusa. "Kawu, tun da na yi aure ba ka ba ni gudummawa ba."

"Ke! Sai da kika yaye biyu kika tuna?"

"Wancan nake so."

"Mata na neman kwanoni, ke dalma? Boko ya taɓa ki. Ɗauka!"

Ɗalibanta da suka tura curin a baro zuwa hannun hukuma, su suka fasa ƙwan bana. Shi kuwa tsohon, har ya rasu yana ba da labarin wautarta ana dariya. Ba ta taɓa faɗa masa ba, don kada ya san abin da ya kusa yi wa jikokinsa.

Malama, ke ce kika zaɓi a yi miki dariya da a yi mana zaman makoki. Mun gode, Allah ya saka. Masu ilimi, ku koyi durƙuso irin nata. Har gobe Amaryar Dalma ake tsokanarta a lungun, kuma tana amsawa.